Oumarou Ganda: ɗan dakon da ya karɓe labarinsa daga hannun Bature

Kafin Oumarou Ganda ya riƙe kyamara, dako yake yi a tashar jiragen ruwa ta Abijan. An haife shi a Yamai a 1935, ya shiga sojan Faransa yana ɗan shekara 16, aka kai shi yaƙin Indochina. A Abijan ɗin ne Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, ya sa shi a fim ɗinsa "Moi, un noir" na 1958. Rayuwar Ganda aka nuna, da bakinsa aka ji labarin, amma sunan Rouch ne ya zagaya duniya.

A ganina, daga nan aikinsa ya samo tushe. Da ya koma gida, sai ya rubuta "Cabascabo", ya ba da umarni, ya kuma fito da kansa: tsohon soja ya dawo aljihu cike, abokai suka yanyame shi, kuɗi na ƙarewa kowa ya watse, har ya ɗauki hanyar karkara neman abin yi. Ba wanda zai rubuta wannan kunyar haka sai wanda ya ɗanɗane ta. An nuna fim ɗin a bikin finafinai na Kan da ke Faransa a 1969.

Abin da ya fi burge ni shi ne bai tsaya kan Bature ba, ya juyo kan na gida. A "Le Wazzou polygame", wani Alhaji ya dawo daga Makka ya ƙwace yarinyar da aka yi wa saurayi alkawari, don ƙara mata ta uku, kishi kuma ya kai ga zubar da jini. A "Saitane" boka ne sanye da rigar malanta yake cin amanar jama'a. Wasu za su ce tonon silili ne. Ban yarda ba. Ganda bai taɓa addini ba, masu fakewa da shi ya tona, kuma da Zabarmanci ya yi, harshen mutanen da abin ya shafa.

"Le Wazzou polygame" ne ya fara cin babbar lambar Yennenga ta FESPACO, bikin finafinan Afirka, a Wagadugu a 1972. Ganda ya rasu ranar 1 ga Janairun 1981, bai wuce shekara 45 ba, yau kuma da sunansa ake kiran kyautar da bikin ke ba fim ɗin farko na sabon mai shirya fim.

Muna da masu juya finafinan Indiya zuwa Hausa ba dare ba rana. Me zai hana su nemi izini su juya mana na Ganda, wanda maƙwabcinmu ne, mu kalla a Kano da Maraɗi?