Ragon Layya a Firiza

Bakano ɗan kasuwa ne da Bazazzagi malamin kimiyyar dabbobi, a teburin mai shayi, cikin hunturu.

Bakano: Kai bawana, zo nan. An ce wai a Rasha akwai ƙadangaren da ke daskarewa kamar kifin firiza, in rana ta fito ya karkaɗe jiki ya kama gabansa. Gaskiya ne ko irin shirmenku na 'yan boko?

Bazazzagi: Gaskiya ne, Alhaji, sai dai ba ƙadangare ba ne. Salamandar Saiberiya ce, 'yar'uwar kwaɗo. Ba ta da ɓawo a fata, jikinta a jiƙe yake kullum, ba ta wuce tsawon tafin hannunka ba har da wutsiya. Yatsu huɗu gare ta a ƙafar baya, alhali yawancin danginta biyar ne. Tun 1870 masana suka ba ta suna. Tana nan daga arewacin Rasha ta ɓangaren Turai har Kamcatka, da Mongoliya, da tsibirin Hokkaido na Japan.

Bakano: Bar lissafin yatsu. Wata nawa take yi a daskare?

Bazazzagi: A yankin Magadan da ke gabashin Rasha, wajen wata bakwai. Zuciya ta tsaya, numfashi ya tsaya, ba ci ba sha.

Bakano: Ba ci! Mai shayi, ƙaro masa madara. To saurara. Bayan Sallah rago ya faɗi warwas a kasuwa. In sayi hamsin, in zuba su a firiza, ba dusa ba harawa ba ladan yaro. Ana saura kwana uku Layya in fito da su in shanya a rana.

Mai Shayi: Allah ya sa alheri. Alhaji, shayi goma sha ɗaya ke nan a littafi.

Bakano: Ana maganar miliyoyi kana maganar shayi.

Bazazzagi: Tsaya ka ji yadda take yi tukuna. Ba faɗa wa sanyi take yi haka kawai ba. Duk ɗan guntun lokacin ɗumi tana cin tsutsa da gizo-gizo da ƙananan kwari, tana tara sitaci a hanta har hantar ta kumbura. In sanyi ya fara shigowa sai ta shige ruɓaɓɓen kututture ko ƙarƙashin gansakuka kusa da tafki. Ba ta yin zurfi, don ƙasan can a daskare take shekara da shekaru, ba inda za ta tona. Sanyin yana sauka a hankali, kwana da kwanaki. A wannan tsakanin jikinta yana zubar da ruwa, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na nauyinta, hanta kuma tana mayar da sitacin nan gilisarin, ya bazu cikin jiki.

Bakano: Gilisarin? Wanda Hajiya ke shafawa a kaushi?

Bazazzagi: Shi fa.

Bakano: Allahu Akbar! Katan goma gare ni a shago ya ƙi tafiya. A ɗura wa kowane rago kwalba biyu.

Bazazzagi: Zawo kawai zai yi maka. Matsalar ƙanƙara ita ce tsini. In ruwan da ke cikin ƙwayoyin halittar jiki ya daskare, tsinin ƙanƙarar ya huda su. Ka ga naman da aka fitar daga firiza yana tsiyayar jan ruwa? Ɓarnar ke nan. Ita salamanda, ƙanƙarar a ƙarƙashin fata take taruwa da cikin kogon ciki da tsakanin ƙwayoyin, cikinsu kuwa gilisarin ya tsare, ba su daskare ba, ba su kuma motse sun mutu ba. Masana a Magadan sun gwada, wasu sun farfaɗo bayan digiri 50 ƙasa da sifili. Firizarka 18 kawai take kaiwa.

Bakano: Ka ga ashe firizata ma sauƙi ce.

Bazazzagi: Ko ita salamandar, ka kamo ta tsakiyar lokacin ɗumi ka jefa a firizar, gawa za ka ɗauko. Ba ta shirya ba. Balle rago mai jinin ɗumi, da jikinsa ke kan digiri 39. Zuciyarsa za ta tsaya tun ƙanƙara ba ta kama shi ba, ƙwaƙwalwa ta biyo baya ta mutu. Ga girma: ita 'yan giram ce, sanyi ya ratsa ta bai ɗaya. Ragonka mai kilo arba'in, fata ta zama dutse, tumbi yana nan da ɗumi yana ruɓa.

Mai Shayi: Kuma mushe ba ya Layya.

Bakano: Wa ya tambaye ka fatawa?

Mai Shayi: Ni dai tambayata, in an ɗauke wuta fa?

Bazazzagi: Yauwa, ka taɓo wurin. Dusar ƙanƙara da ke rufe maɓoyarta bargo ce, tana hana sanyin hawa da sauka. Abin da ke hantar guzuri ne ƙidayayye, narke-daskare, narke-daskare yana cinye shi. Can sanyi in ya kama ya kama ke nan sai Mayu.

Bakano: To ai na ji an ce masu haƙar zinariya suna tono su daga ƙasa, masu shekara dubu biyar, su saka a ruwa su tashi.

Bazazzagi: Ana tono su, suna kuma tashi. Dubu biyar ɗin ne ƙarin gishiri. Masana sun fi ganin ta tsagar ƙasa suke faɗawa. Guda da aka auna, wajen shekara 90 ta nuna.

Bakano: Casa'in! Wanda ke bin ka bashi ya mutu, magadansa ma sun mutu.

Mai Shayi: Ni da jikoki, Alhaji.

Bakano: To a bar raguna. Ita kanta za mu yi kiwo. Tana haihuwa da yawa?

Bazazzagi: Da zarar ƙanƙara ta narke sai su faɗa kududdufi, ruwan ma bai gama hucewa daga sanyi ba. Macen ta maƙala jaka biyu masu kamar majina, a murɗe, jikin ciyawar ruwa, kowace da ƙwai gommai, mazan su rufa a kai su zuba iri daga waje. Bayan 'yan makonni 'ya'yan su fito da gezar numfashi a gefen kai. Dole su gama rikiɗa su hau tudu wajen Agusta. In kududdufin ya ƙafe da wuri, ko sanyi ya riga su, an yi asarar shekarar. 'Yan'uwanta na Norwe da Finlan ba su da wannan baiwa, ramin da sanyi ba ya kaiwa suke nema, in ƙanƙara ta cim musu sun tafi. Ita kuwa zafi ne ajalinta. Ka kawo ta Kano a Afrilu, kafin ka fito daga filin jirgi ta zama kilishi.

Bakano: Dabbar da ba ta kiwuwa, ba ta yankuwa, ba ta sayuwa, me ya kai ka karanta ta?

Mai Shayi: Alhaji, da na Malam, sha uku.

Bakano ya ƙame a kan benci, kofi a hannu, ido a kafe.

Mai Shayi: Alhaji? Alhaji!

Bakano: (ta gefen baki) Na daskare. Sai Mayu.

Mai Shayi: Yaro, miƙo min butar nan da ke kan wuta.

Bazazzagi: A'a, a hankali ake narkar da su. Fara da aljihun dama.